Kada Ki Juyo

Kwana hamsin da biyu ke nan da rasuwar Inna Mariyatu, kwana talatin da takwas da wucewar ranar da aka sa za a ɗaura auren 'yarta Hindu da Jelani. Akwatunan lefe suna nan jere a ɗakin marigayiyar, an rufe su da tsohon zanen gado. Babu wanda ya sake buɗe su.

Ranar Alhamis bayan La'asar Jelani ya tsayar da motarsa a ƙofar gidan, a Runjin Sambo. Ya durƙusa ya gai da Malam Tambari, mahaifin Hindu, wanda yake zaune a gindin dogon yaro da rediyo a cinyarsa, a kashe. Tun da ya yi ritaya daga kamfanin siminti na Kalambaina nan ne wurin zamansa, sai dai da can ana jin muryarsa har bakin titi. Yanzu ɗaga hannu kawai yake yi.

A kan dakali kusa da shi autar gidan ce, Nuriyya, 'yar shekara bakwai. Su biyu rak Allah ya raya wa Inna, ita da Hindu, da tazarar shekara goma sha takwas a tsakaninsu. Jelani ya miƙa mata ledar biskit. Ta karɓa, ta ajiye a gefenta, ta ci gaba da kallon masu wucewa.

Hindu ta same shi a zaure. Ta zauna a can ƙarshen tabarma.

"Ya ƙarin haƙuri?"

"Da godiya."

Ya daɗe yana juya makullin mota a hannunsa. Ɗan gidan malamai ne na Ƙofar Kware, yana aiki a wani kamfanin sadarwa a Legas. Shekara huɗu suna tare, ta san in yana juya makulli akwai maganar da ta yi masa nauyi.

"Hajiyarmu ta ba ni zuwa Lahadi, Hindu. Ranar da zan koma."

"Zuwa Lahadi mi?"

"In kai mata rana. Tac ce an yi arba'in, dangi sun gaji da tambaya. In babu rana in janye, ga ɗiyar ƙanenta nan."

"Maganar Nuriyya hwa?"

Ya sunkuyar da kai.

"Tana nan kan bakanta. Wai yarinya na da uba, tana da dangi, ba ta ga dalilin da za a haɗa mini amarya da reno ba."

"Baba ma bai yarda in tahi da ita ba," in ji Hindu. "Ka ga bakinsu ya zo ɗaya."

Ta faɗe shi kamar mai karanta sanarwa. Jelani ya ɗago ya dube ta, idanunsa sun kaɗa.

"Don Allah ki yi mini hwaɗa. Ki ce na ci amanarki, ki ce ban iya tsaya miki gaban Hajiya ba. Ki yi kuka in ba ki haƙuri. Wanga shiru naki shina kashe ni."

"Ba ni da kukan, Jelani. Na nema."

"Hindu…"

"Ranar da anka hita da Inna, tukwane na zauna na wanke. Mata na ta yabona, wai ina da tawakkali. Ba tawakkali ba ne. Ka san in ka daɗe zaune kan ƙafa, ta mutu, ka tsungule ta ba ka ji? Haka nike, amma jikina duka."

Hawayen da yake riƙewa suka zubo. Ya sa hularsa ya rufe fuska. Ta zauna tana kallonsa, tana jiran wani abu ya motsa a ƙirjinta. Abin da ta lura da shi kawai, maɓallin hannun rigarsa ɗaya ya kusa cirewa.

"Kina sona har yanzu?" ya tambaya daga cikin hular.

"Na san ina sonka, kamar yadda na san sunana. Jin shi ne ba ni yi." Ta miƙe. "Bari in kawo maka ruwa."

A tsakar gida Gwaggo Ummukulthum, ƙanwar Malam Tambari, tana tankaɗe garin tuwo. Daga Gusau ta zo zaman makoki, ba ta koma ba har yau.

"Ya kawo rana ko ya kawo hawaye?"

"Ruwa zan kai mishi, Gwaggo."

"Zauna tukun. Ruwa ba shi gudu."

Hindu ta zauna a kan turmi.

"Ni ban ƙi yaron ga ba," in ji Gwaggo. "Amma Legas ba nan kusa ba ta. In kin tahi, wa za ki bar ma ubanki? Wa za ki bar ma wagga yarinya da ko abinci sai an tura mata? Ga Hayatu nan tsallaken titi. Kemis ɗinshi na kallon ƙofarku, gidanshi na bayan kemis. Maganin hawan jinin ubanki shi ka kawo shi da hannunshi, tun kahin a ce ya ƙare. Sau biyu shina turo ƙanen babanshi wurina. Ki hito ɗakin aurenki, ki tsallaka kwalbati, kin iso gidanku."

"Da baikon wani a kaina, Gwaggo."

"Baiko ba aure ba na. Uwarshi ma ai ta hwara leƙen wani wuri."

Gwaggo ta ajiye rariya, ta ja bakin zanenta ta share ido.

"Mariyatu ta riƙe ni kamar ciki ɗaya munka hito. In na bari gidanta ya watse, mi zan ce mata gobe kiyama? Ko zannuwanta da na rabar wancan mako, da yardar ubanki, kin ɗauka daɗi na ji? Don ku na yi. Na ga yarinya na shiga ɗakin tana tsayawa gaban durowa."

"Ban ce komi ba, Gwaggo."

"Shi na matsalar ai. Ba ki cewa komi."

Hindu ta tashi ta ɗebo ruwan randa a jug, ta ɗauko kofi. Ta leƙa ƙofa don ta kira Nuriyya ta zo ta ci ragowar abincin rana.

Dakalin babu kowa. Ledar biskit ce kawai.

"Baba, ina Nuriyya?"

"Ga ta nan," in ji shi, ya nuna gefensa ba tare da ya duba ba. Sai ya juya. Ya daɗe yana kallon dakalin.

Aka duba ɗakuna, aka duba banɗaki da bayan randa. Aka shiga gidajen maƙwabta uku. Babu wanda ya gan ta. Gwaggo ta fito titi ko mayafi babu, tana salati. Jelani ya fito daga zaure da makulli a hannu, a daidai lokacin da Hayatu ya ja ƙofar kemis ɗinsa ya rufe, ya turo babur ya tsallako.

Mutanen biyu suka yi musabaha a gajarce. Kowa ya san wanene ɗan'uwansa.

"Wane kaya ne jikinta?" Jelani ya tambayi Hindu.

Ta buɗe baki. Ita ta yi wa yarinyar wanka da safe, ita ta sa mata kayan, amma ta kasa tunawa.

"Riga ruwan ƙasa mai ɗigo-ɗigo, da farin hijabi," in ji Hayatu. "Takalmin roba ja. Ina ganinta daga shago har bayan La'asar, wani mai ciwon haƙori ya shigo, na ɗauke ido."

Jelani ya dube shi, ya dubi Hindu.

"Kai da ke da mota bi babban titi," in ji Hayatu. "Ni in shiga lunguna."

Hindu ta bi hanyar makarantar firamaren da Nuriyya take, inda Inna ta yi shekara ashirin da ɗaya tana koyarwa. Rana ta yi sanyi amma ƙasa tana huci. Ta tambayi mai awara, ta tambayi masu faci, ta tambayi wasu 'yan mata da suka taso daga Islamiyya. Ƙofar makarantar a rufe take da kwaɗo. Ta kama ƙarfen ta leƙa, ta hango tagar aji uku, ajin Inna. Babu kowa.

Ta san ya kamata zuciyarta ta riƙa bugawa. Ta san wata a matsayinta da tuni ta zube a ƙasa. Ita ƙafafunta kawai take ji suna tafiya, da wata tsakuwa da ta shiga takalminta, wadda ba ta tsaya ta cire ba.

Da ta dawo, rana ta kusa faɗuwa. Mutanen layi sun taru a ƙofar gida. Jelani ya dawo, Hayatu ya dawo, duk babu labari. Ana maganar a kai cigiya gidan rediyo da wurin 'yan sanda. Malam Tambari yana tsaye a tsakiyar titi babu takalmi, wani maƙwabci yana riƙe da hannunsa.

Sai ga keke mai ƙafa uku ya shigo layin, ya tsaya.

Zanen ne Hindu ta fara gani. Atamfa shuɗiya mai ganye-ganye ruwan ɗorawa, wadda Inna take ɗaurawa ranar Litinin. Har ɗan gyaran da aka yi wa bakinta da baƙin zare yana nan. Matar da take sanye da shi ta sauko, ta juya ta sauko da Nuriyya.

Malama Monica ce, 'yar kudancin Kaduna, wadda suka yi shekara goma sha tara suna koyarwa aji da aji da Inna. Tebur ɗaya suke cin abinci in an tashi tara.

Gwaggo ta rungume yarinyar tana kuka tana duba hannuwanta da ƙafafunta. Nuriyya ta tsaya ƙiƙam, ta bari ana juya ta. Mutane suka yi hamdala, suka fara watsewa.

Malama Monica ta durƙusa a gaban Malam Tambari.

"Malam, ku yafe mini. Laifina ne."

"Shigo daga ciki, Malama," in ji Gwaggo.

"Bari in faɗa a nan, kafin in kasa." Ta ɗago kai. "Tun da kuka aiko mini da zanen nan ban taɓa shi ba sai yau. Na ce bari in ɗaura in zo in gaishe ku. Na iso har bakin layi, na hango ƙofar, sai na ji ba zan iya shiga gidan babu ita ba. Na juya. Ban hau keke ba, na ce in taka ko zan ji sauƙi. Ban san akwai mai bi na ba."

Ta dubi Nuriyya.

"Na yi tafiya ta fi ta rabin awa. Sai da na kusa gida na ji ƙarar takalmin roba a bayana, in na tsaya ya tsaya. Ina shirin waiwayawa sai na ji muryarta. Ta ce, 'Malama, na san ke ce. Kada ki juyo. Ki dai ci gaba da tafiya.'"

Ta sake juyowa ga Malam Tambari.

"To na ci gaba, Malam. Me zan yi? Na wuce ƙofar gidana, na zaga layinmu sau uku, tana bayana. Ina kuka, ba na son ta ji. Ga wayata na bari a gida, ga shi na san kuna nema. Sai da ta gaji don kanta, ta zo ta kama hannuna ta ce in mai da ita gida, Baba bai sha magani ba."

Gwaggo ta toshe bakinta da zane. Jelani ya juya baya ya dafa motarsa. Hayatu ya sunkuya yana gyara wani abu a jikin babur wanda bai lalace ba.

Hindu ta durƙusa ta cire wa Nuriyya takalmin. Roba ta goge mata dunduniya, wurin ya yi ja ya tashi.

"Da zahi?"

"Kaɗan."

"Za mu sa mishi magani."

Iyakar abin da ta samu ta faɗa ke nan.

Malam Tambari ya koma kan kujerarsa a hankali. Bai taɓa kiran sunan Hindu ba, kasancewarta 'yar fari. Ya dube ta ya ce, "Ke, matso."

Ta matso ta durƙusa.

"Yarinyar ga ta tashi daga gefena. Hannuna in na miƙa shina taɓa ta. Ta tashi ta tahi, ban gani ba." Ya dubi dakalin. "Na hana ki ita don ina ganin ita kaɗai ta rage mini. Ashe ban iya riƙonta. Na janye maganata. In an ɗaura aurenki ki tahi da ita, ko Legas ko ina. Wurinki ta hi samun ido."

"Yaya, wace irin magana ce wagga?" in ji Gwaggo. "Kai hwa?"

"Ni na gama magana."

Jelani ya juyo da sauri, fuskarsa ta ɗan saki. Ya durƙusa daga nesa.

"Baba, Allah shi saka da alheri. In sha Allahu zan riƙe ta kamar ƙanwata ta ciki ɗaya. Hajiya kuma zan san yadda zan shawo kanta."

Nuriyya tana tsaye da takalmanta a hannu, tana bin kowa da ido. Ta taka a hankali, tana ɗingishi, har gaban Jelani. Tun rasuwar ba ta yi masa magana ba.

"Yaya Jelani."

"Na'am, Nuriyya."

"A Legas akwai wanda ya san Inna?"

Ya dubi Hindu. Hindu tana kallon ƙasa.

"Akwai ni," in ji shi. "Akwai Yayarki."

"Ban da ku."

Ya girgiza kai.

"Babu."

"To ba ni zuwa."

Ba ta ɗaga murya ba. Ta juya ta kama hannun Malama Monica, ta ja ta zuwa cikin gida. Gwaggo ta bi su, amma kafin ta shiga sai da ta tsaya ta dubi Hindu, ta dubi Hayatu, ta sake duban Hindu.

Ladan ya fara kiran Magariba. Malam Tambari ya ɗauki butarsa ya nufi masallaci, maƙwabcin nan yana biye da shi da takalmansa. Hayatu ya tura babur ɗinsa ya tsallaka titi. Ya tsaya a ƙofar kemis yana neman makulli a aljihu, ya daɗe yana nema.

Saura Hindu da Jelani a jikin mota.

"Yarinya ce," in ji shi. "In ta ga wuri za ta saba. Akwai makarantu masu kyau, akwai teku, zan riƙa kai ku…"

"Ka ji abin da tac ce."

"Na ji, amma Baba ya yarda, Hindu. Abin da munka yi wata biyu muna roƙo."

"Nan in ta hita, mai awara ta san Inna. Mai faci ya san Inna. A makaranta akwai wadda za ta zaga layi sau uku don ita. Ban iya ɗauke ta daga nan, kuma ban iya barin ta." Ta gyara mayafinta. "Ka gaya ma Hajiya ta sa rana da ɗiyar ƙanenta. Ban riƙe ka da komi ba. Lehe na nan yadda anka kawo shi, ko zare ba a taɓa ba."

"Sai ki auri wancan?" Ya nuna tsallaken titi da haɓa.

"Ban sani ba. Wataƙila. Gwaggo ba ta gajiya, ni kuwa ba ni da ƙarhin musu."

"Kina sonshi?"

"A'a."

"Kuma ki aure shi?"

"Yanzu duk ɗaya nike jin komi, Jelani. Shi ya sa nike gaya maka ka tahi tun ban jin zahin."

Ya kifa goshinsa a kan rufin motar. Kafaɗunsa suna rawa. Ta tsaya tana jiran ya gama. Can ya ɗago, ya share fuska da tafin hannu.

"To ni zan dawo."

"Ka dawo ina?"

"Sakkwato. In aje aikin. In nemi wani nan, ko koyarwa ce. Mu kama haya cikin Runjin Sambo, inda Nuriyya za ta taka da ƙafa ta zo wurin Baba."

"Aikin da Hajiya ta yi shekara biyu tana azumi a kanshi? Wanda take hwaɗa ma duk wanda ya shigo gidanku?"

"Shi."

"A gabana kake iya hwaɗin haka. Kullum a gabana kana da ƙarhi."

Maganar ta same shi. Ya buɗe baki zai amsa, sai wayarsa ta fara ruri a aljihun gaba. Ya ciro ta. Hasken ya nuna sunan a fili, har Hindu ta karanta daga inda take: Hajiyata.

Ya kai yatsa zai kashe.

"Kada ka kashe," in ji Hindu. "Ɗauka. Abin da ka gaya mini, ka gaya mata ina tsaye."

A tsallaken titi Hayatu ya buɗe ƙofar kemis, amma bai shiga ba. A masallaci an tayar da iƙama. Wayar ta katse, ta sake ɗaukar ruri.

Jelani ya dubi Hindu. Ya danna, ya kai wayar kunnensa.

"Salamu alaikum, Hajiya. Awo, an gan ta, ta dawo gida." Ya ja numfashi. "Hajiya, ki zauna in kina tsaye. Akwai maganar da zan gaya miki."

Hindu ta dubi hannuwanta. Sun damƙe bakin mayafinta, suna rawa, ta yi ƙoƙarin tsayar da su suka ƙi.